Yadda ake tara kan sarki, daga adakar gida zuwa kundi

Da adakar kakana na fara, a gidanmu na Tudun Wada. Ya yi aikin akawu a reluwe nan Zariya, kuma ba ya yar da takarda. Bayan rasuwarsa aka buɗe adakar, sai ga wasiƙu ɗauri-ɗauri, kowane ambulan da kan sarkinsa. Ina yaro lokacin, na zauna na ɓamɓare su da farce. Wajen guda talatin na lalata, kuma har yau abin yana ci mini rai. Don haka abu na farko da nake gaya wa duk mai son wannan harka shi ne: in ka samu tsohon ambulan, kada ka cire masa kan sarki sai ka san abin da ke hannunka.

Dalili kuwa, hatimin gidan waya da aka buga a kai yana ɗauke da sunan gari da kwanan wata. Ambulan mai hatimin Zungeru, lokacin tana hedikwatar Arewa, ko na Lakwaja, ko na Zariya a farkon zuwan jirgin ƙasa, ya fi kan sarkin da aka raba da shi daraja nesa ba kusa ba.

Inda za ka samu ba nisa. Tambayi dattawan gida, musamman waɗanda suka yi aikin gwamnati, ko koyarwa a Samaru da Kongo, ko suka yi karatu a Ingila, Masar da Sudan. Ka je da ladabi, ka ce: "Baba, ambulan kawai nake so, wasiƙar taku ce." Wasiƙa sirri ce, kuma in suka ga ba karantawa za ka yi ba, sai su saki jiki.

Sannan ka san tarihin abin da kake nema. Kan sarki na farko a duniya a Ingila ya fito a 1840, baƙi ne na kwabo ɗaya mai hoton Sarauniya Biktoriya. Mutane na zaton tsufansa ya sa ya fi kowane tsada, alhali an buga fiye da miliyan 68. Wanda ya yi kuɗi shi ne na Giyana ta Ingila na 1856, domin ƙwaya ɗaya tak ta rage a duniya, kuma a 2014 aka sayar da ita sama da dala miliyan 9. Haka na Amurka na 1918 da aka buga jirgin sama a kife bisa kuskure, guda 100 kawai suka fita. Ƙaranci da lafiyar takarda su ke sa farashi.

Ni dai namu na gida sun fi burge ni. Legas ta fara nata a 1874. Arewa ta samu nata a 1900, an rubuta musu Northern Nigeria, har zuwa haɗewar 1914 da aka koma Nigeria kawai. A cikin na Arewa akwai na fam 25 na 1904 mai kan Sarki Edward na Bakwai, wanda masu tarawa a duniya ke nema ruwa a jallo. In wani ya kawo maka shi da araha, ka ɗauka jabu ne. Mai farawa ya nemi jerin 1953 na zamanin Sarauniya Elizabeth: na kwabo mai mahayan Barno, na ahu (kwabo ɗaya da rabi) mai gyaɗa, na taro (kwabo uku) mai gadar Jebba. Ba su da tsada, kuma har yanzu ana tsintar su a gidaje. Daga nan sai na 'yancin kai na 1960, da waɗanda suka fito bayan an koma naira da kwabo a 1973.

In ambulan ɗin na baya-bayan nan ne, ko ya riga ya yage, za ka iya cirewa. Ka yanka takardar da almakashi, ka bar fili kewaye da kan sarkin. Ka sa a kwano mai ruwa mai ɗan ɗumi kaɗan, ka jira har ya saki da kansa, kada ka ja. Ka shimfiɗa shi a kife a kan farar takarda, in ya sha iska ka danne shi cikin littafi mai nauyi ya kwana. Ambulan mai launi ka jiƙa shi daban, don yana zuba. Na zamanin Edward da George na Biyar kuwa, masu launin kore ko shunayya, kada ruwa ya taɓa su, tawadarsu narkewa take.

Kayan aiki uku sun isa: hantsaki mai faffaɗan baki, gilashin ƙara girma, da kundi mai aljihuna. Kada ka ɗauka da yatsa, maiƙon hannu yana barin tabo. Kada ka manna da gam ko salatif. Da gilashin za ka duba haƙoran gefe, domin haƙori ɗaya in ya ɓalle farashi ya faɗi. Ka kuma ɗaga shi ga haske ka ga alamar kambi da haruffan CA (Crown Agents, wakilan gwamnatin Ingila) da ke cikin jikin takardar yawancin namu na zamanin Turawa. Guda biyu za su yi kama a ido, amma wannan alamar ta raba su a shekara da kuɗi. Kundin farashi na Stanley Gibbons, kamfanin dillancin kan sarki na Ingila, ya bayyana waɗannan bambance-bambance, ko tsohon bugu ka samu zai yi maka amfani.

Damina ce babbar abokiyar gaba. A watan Agusta danshi yana sa su manne da juna su yi tsatsa-tsatsa, kyankyaso kuma yana son gam ɗin bayansu. Ni nakan jera kundayena a tsaye kamar littattafai, a saman kanta nesa da bango saboda gara, ina buɗe su su sha iska duk mako biyu, a inuwa. Da hunturu sai in sa su cikin akwati saboda ƙura. Ambulan bakwai da suka tsira daga adakar kakana suna shafin farko, kuma a ƙarƙashin kowanne na rubuta gari da shekara da fensir.