Yadda Ake Gano Ma'ana da Asalin Haɗaɗɗen Sunan Mace na Turanci

Da farko a raba sunan a inda murya ke yankewa. Leanne ya rabu zuwa Lee da Anne, Marylou kuwa Mary da Lou. Sai a bi kowane ɓangare shi kaɗai. Anne ya samo asali ne daga sunan Ibraniyanci Hannah, mai nufin alheri ko tagomashi. Lee kuma daga tsohon Turanci yake, yana nufin fili a cikin daji. Kada a haɗa su a ce sunan na nufin "filin alheri", domin iyayen da suka ƙirƙiro irin waɗannan sunaye daɗin furuci suka bi, ko kuma neman tunawa da 'yan uwa biyu a suna ɗaya.

A nan ne mutane suka fi yin kuskure: ba kowane suna mai kama da haɗaɗɗe ne haɗaɗɗe ba. Rosemary ana ɗaukarsa Rose da Mary, alhali sunan wani tsiro ne mai ƙamshi, daga Latin, ma'anarsa raɓar teku. Annabel ma masana sun fi danganta shi da Amabel, wato abar ƙauna.

Ɗafa-ƙeya, wato ƙarin da ake liƙawa a ƙarshen suna, irin su lyn a Ashlyn ko Kaylyn galibi ado ne kawai, kada a matsa neman ma'anarsu.

Don sanin lokacin da suna ya bayyana, a duba kundin sunayen jarirai na hukumar gwamnatin Amurka mai suna Social Security, wanda ya faro daga 1880. A gwada kowane salon rubutu, domin Kaylee da Kayleigh daban-daban ake ƙidaya su.