Yadda ɗan jarida zai koma rubutun fim, hanyar da Nora Ephron ta bi

In kana aikin jarida kuma ranka na son rubutun fim, to kar ka yi gaggawar ajiye aikin. Nora Ephron, wadda aka haifa a New York a 1941, da rabon wasiƙu ta fara a ofishin mujallar Newsweek, daga nan ta yi shekara biyar tana kawo rahoto a jaridar New York Post, can ta koyi sauraron yadda mutane ke magana. Kai ma riƙe ɗan littafi a aljihu, duk maganar da ta tsaya maka a rai ka rubuta ta yadda aka faɗe ta, kar ka gyara.

Sannan kafin ka zauna rubutu ka yi intabiyu sosai, wannan shi ne ya fi muhimmanci wallahi. Da Nora za ta rubuta fim ɗin When Harry Met Sally na 1989, zama ta yi da darakta Rob Reiner tana masa tambayoyi kan zaman gwauranci bayan aurensa ya mutu, daga amsoshinsa ta gina jarumin fim ɗin.

Fim ɗinka na farko kuma ka nemi abokin rubutu, ita ma Silkwood na 1983 tare da Alice Arlen suka rubuta.