Bashin Gida Daga Banki: Biyan Wata da Jimillar Abin da Za a Biya

Wanda ya je banki a Yamai neman bashin gina gida ko sayensa, abu na farko da yake tambaya shi ne nawa za a riƙa cire masa a wata. Tambayar tana kan hanya, amma ba ta isa ba. Sai a haɗa da ta biyu: daga ranar sa hannu zuwa ranar da takardar gida za ta dawo hannun mai ita, nawa ne gaba ɗaya zai fita daga aljihu? Ku tanadi alƙalami da takarda, ko na'urar lissafi ta cikin waya, domin za mu yi lissafin tare.

Duk adadin da ke cikin wannan babi sefa ne kamar yadda banki ke rubutawa, ba lissafin dala na kasuwa ba. Idan kun ga 1.000, jika guda ke nan. Idan kun ga 1.000.000, miliyan guda. Adadin misali ne na koyo, kowane banki yana da nasa farashi.

Abin da ke cikin biyan wata

Kuɗin da banki ya ba ka shi ne uwar kuɗi. Abin da yake ɗorawa a kai shi ne kuɗin ruwa, kuma ana iya ɗaukarsa kamar kuɗin haya: muddin kuɗin banki suna hannunka kana biyan hayarsu, gwargwadon yawan da ya rage. Gidan kuwa jingina ne. Kai ne a ciki, amma an rubuta sunan banki a kan takardarsa har ka gama biya.

A ce gida na miliyan 12 da rabi ne. Banki ba ya cika ba da kuɗin duka, sai mai nema ya kawo nasa kason tukuna. A ce ya kawo 2.500.000, banki ya ba da 10.000.000, da ruwa kashi 9 cikin 100 a shekara, a biya cikin shekara 15, wato wata 180. Biyan kowane wata zai zama 101.427.

Wannan adadi ba ya canzawa, amma abin da ke cikinsa yana canzawa kowane wata. Kashi 9 na miliyan 10 shi ne 900.000 a shekara. A raba shi 12, ya ba da 75.000. Wannan shi ne ruwan watan farko. A cire 75.000 daga 101.427, saura 26.427. Wannan ɗan ragowar ne kawai ya taɓa uwar kuɗi, bashi ya koma 9.973.573. A wata na biyu ana lissafa ruwa a kan wannan sabon adadi, sai ya zama 74.802, abin da ya rage wa uwar kuɗi kuma 26.625. Haka abin ke tafiya, ruwa yana raguwa kaɗan-kaɗan, kason uwar kuɗi yana ƙaruwa kaɗan-kaɗan. Sai an shiga shekara ta takwas kafin kason uwar kuɗi ya fi na ruwa.

Nan ne mutane da yawa ke zargin an cuce su. Bayan shekara 5 mai bashi ya zuba 6.085.620, yana ganin ya ci fiye da rabin hanya. Ya je ya tambaya, a ce masa saura kimanin 8.007.000. Ba kuskuren kwamfuta ba ne. A cikin miliyan 6 ɗin nan, sama da miliyan 4 ruwa ne, abin da ya sauka daga uwar kuɗi bai cika miliyan 2 ba. Duk wannan yana rubuce a jadawalin biya, wata doguwar takarda mai layi ɗaya ga kowane wata, wadda a kanta ake rubuta «tableau d'amortissement». Tana nuna ranar biya, kason ruwa, kason uwar kuɗi da bashin da ya rage. Ku nemi a ba ku ita kafin sa hannu, ku kai gida, wanda ya iya karatu ya bi ta da ku layi-layi.

Tsawon wa'adi

Hanyar gano jimilla mai sauƙi ce: a ninka biyan wata da yawan watanni. Ga miliyan 10 ɗin nan da ruwa kashi 9:

Shekara 10: 126.676 a wata, sau 120, jimilla 15.201.120.
Shekara 15: 101.427 a wata, sau 180, jimilla 18.256.860.
Shekara 20: 89.973 a wata, sau 240, jimilla 21.593.520.

Ku dubi layi na biyu da na uku da kyau. Wanda ya zaɓi shekara 20 ya samu sauƙin 11.454 a wata, amma ya ƙara wa kansa 3.336.660 a jimilla, kuma ruwan da zai biya ya fi kuɗin da ya ranta. Shawararmu ita ce a ɗauki wa'adi mafi gajarta da albashi zai iya ɗauka ba tare da tukunya ta sauka ba. Dogon wa'adi yana da wurinsa ga mai ƙaramin albashi, sai dai ya shiga yana sane da farashinsa. Shekarun mai nema ma suna shiga lissafi, domin banki yana so a gama biya kafin a bar aiki.

Kashi ɗaya na ruwa ma ba abin rainawa ba ne. Da ruwan kashi 8 ne maimakon 9, biyan wata na shekara 15 zai zama 95.565. Bambancin 5.862 ne a wata, amma a wata 180 ya haura miliyan guda. Ya cancanci a taka zuwa banki biyu ko uku a kwatanta.

Akwai wata tambaya da ba a yawan yi: a kan me ake lissafa ruwan? Lissafin da muka yi a sama a kan bashin da ya rage ne. Wasu masu ba da bashi suna lissafa shi a kan kuɗin farko har ƙarshe, kamar ba a taɓa biyan komai ba. Da wannan hanya, 900.000 sau 15 ya zama 13.500.000 na ruwa kaɗai, maimakon 8.256.860. Duka biyun za su ce maka «kashi 9».

Kuɗin da ba ruwa ba

Ruwa ba shi kaɗai ba ne. Akwai kuɗin dosiye, wato na duba takardun neman bashi, da ake cirewa tun farko. Akwai asiransi ta rai, wadda za ta biya banki sauran bashi idan mai bashi ya rasu ko ya nakasa, don kada a kori iyali daga gida. Akwai kuɗin noter, wanda ke rubuta yarjejeniyar jingina, da kuɗin shigar da jinginar a ofishin rajistar filaye. Akwai kuɗin masanin da zai kimanta darajar gidan, da harajin da ake ɗorawa a kan ayyukan banki, da kuɗin riƙe asusu na kowane wata.

A misalinmu, a ce dosiye 100.000 ne, noter da rajista 400.000, asiransi 50.000 a shekara, wato 750.000 a shekara 15. A haɗa da 18.256.860, ya zama 19.506.860. A ƙara 2.500.000 da mai gida ya kawo da kansa. Gidan miliyan 12 da rabi ya tashi a 22.006.860.

Domin a iya kwatanta banki da banki, akwai adadi ɗaya da ke haɗa ruwa da sauran kuɗin da aka wajabta wa mai bashi, ana kiransa TEG, kuma ana rubuta shi a yarjejeniya. Shi ya kamata a duba, ba ruwan da ke jikin allon talla ba. A ƙasashen UEMOA, wato ƙasashen Afirka ta Yamma masu amfani da sefa, inda babban bankinsu BCEAO ke kula da bankuna, doka ta sa masa iyaka. A shekarar 2014 an tsayar da iyakar a kashi 15 cikin 100 ga bankuna, kashi 24 ga ƙananan asusun ajiya da bashi. Hukumomi ne ke sake duba wannan iyaka, saboda haka ku tambayi wadda ke aiki a ranar da kuka je. Wannan tazara ta nuna dalilin da ya sa bashin ƙaramin asusu ya dace da kasuwanci mai saurin juyawa, amma yana da nauyi ƙwarai ga ginin gida.

Mutane da yawa ba sa karɓar bashi mai ruwa saboda haramcin riba. Bankunan da ke bin tsarin Musulunci, irin su Banque Islamique du Niger, suna aiki da hanyoyi kamar murabaha: banki ya sayi abu, ya sayar maka da ƙarin riba da aka yanke tun farko, ka biya wata-wata. Hukuncin addini a tambayi malamai. Ta fuskar lissafi kuwa, aikin ɗaya ne: a ninka biyan wata da watanni, a ƙara kuɗin takardu, a ga jimilla.

Albashi da takardar fili

Bankuna sukan buƙaci albashi ya riƙa shiga ta wajensu, su cire nasu kafin mai shi ya taɓa. Abin da aka saba shi ne kada biyan bashi ya wuce kashi ɗaya cikin uku na albashin da ke shiga hannu. A misalinmu biyan wata da asiransi sun kama 105.594, wato ana bukatar albashin da ya kai kusan 317.000. Wannan ya fi ƙarfin ma'aikata da yawa, shi ya sa gini kaɗan-kaɗan ya fi yawa a gari: bana katanga, baɗi ɗaki biyu. Wanda ke da bashin babur ko na ragon layya a kansa, da shi za a haɗa a cikin kashi ɗaya cikin ukun.

Takardar da ake rubuta jingina a kanta ita ce titir fonsiye, cikakkiyar takardar mallaka. Mutane da yawa takardar sayen fili kawai ke hannunsu, ko shaidar mai gari. Mayar da ita titir yana cin kuɗi da lokaci, kuma gara a fara shi tun kafin a kai dosiye. A tabbatar ba a sayar wa mutum biyu filin ba, kuma idan na gado ne, duk magada sun amince a rubuce.

A duba wurin ma. Ambaliyar kogin Kwara ta 2020 ta rusa gidaje da dama a Yamai, a unguwannin bakin ruwa. Gida ya faɗi, bashi bai faɗi ba. Asiransin rai ba ta biyan ɓarnar ruwa ko gobara. Wannan wata asiransi ce dabam, kuma sai an karanta a ga ko ambaliya tana ciki.

Inda ake samun matsala

Ga mai gini, banki yakan ba da lokacin jinkiri kafin a fara biya. Jinkirin ba kyauta ba ne, ruwa yana tafiya. Idan an karɓi miliyan 10 duka aka yi jinkirin wata 12, ruwan ya kai 900.000, ko a biya shi wata-wata ko a ɗora shi a kan uwar kuɗi ya shiga haihuwar nasa ruwan. Ya fi sauƙi a riƙa karɓar kuɗin kashi-kashi: na tushe, na tada bango, na rufi. A kuma bar rara a lissafin gini, domin farashin siminti da ƙarfe ba ya tsayawa wuri ɗaya. Mafi munin hali shi ne kuɗi su ƙare gini bai kai rufi ba, mutum yana biyan haya yana biyan banki.

Idan biya ya makara akwai tara, kuma ana shigar da sunan mai bashi a rajistar da bankuna ke dubawa kafin su ba da wani bashi. Idan abin ya daɗe, dokar OHADA, wato dokar kasuwanci ta haɗin gwiwar wasu ƙasashen Afirka da Nijar ke cikinsu, ta ba banki damar bin hanyar kotu har a yi gwanjon gidan. Idan kuɗin gwanjo bai rufe bashin ba, ragowar tana nan a wuyan mai shi. Saboda haka wanda aiki ya tsaya masa ko albashi ya makara, ya je banki tun kafin ranar biya ta wuce, ya nemi a sake tsara wa'adin, kuma a rubuta abin da aka amince.

Wanda aka roƙa ya tsaya wa wani, ya san cewa idan mai bashi ya kasa, kansa za a dawo. Dokar OHADA ta ce idan mai tsayawa bai iya rubutu ba, dole a samu shaidu biyu da za su tabbatar an bayyana masa nauyin abin da yake ɗauka. Kada ku dangwala yatsa ba tare da wannan ba, ko don ɗan'uwa ne.

Wanda kuma ya samu rara, biya kafin lokaci yana rage nauyi sosai. A misalinmu, idan aka zuba 1.000.000 bayan shekara 5 aka ci gaba da biyan wata yadda yake, wa'adi zai ragu da kusan wata 22, a tsira da ruwa na kimanin 1.260.000. Wasu yarjejeniyoyi suna sa tara a kan haka, sai a duba tun ranar sa hannu. Bayan biyan ƙarshe, a karɓi takardar shaidar an gama, a koma wajen noter a goge sunan banki daga kan titir. Idan ba a yi ba, gidan yana nan a matsayin jingina a rajista, kuma ba zai sayu cikin sauƙi ba.

Aikin yi

1. An ranci 6.000.000 da ruwa kashi 10 a shekara. Nawa ne ruwan watan farko?
2. Biyan wata 80.000 ne, wa'adi shekara 12. Wata nawa ke nan, kuma nawa ne jimilla?
3. Albashi 180.000 ne, ana cire 20.000 na wani bashi. Idan iyaka kashi ɗaya cikin uku ce, nawa ya rage wa bashin gida a wata?
4. Ku rubuta tambayoyi biyar da za ku yi wa ma'aikacin banki, ku karanta wa abokan aji.