Yadda za ka hau DaVinci Resolve 20 ba tare da tsohon aikinka ya salwanta ba

Jama'a masu editin, musamman ku 'yan bidiyon biki da masu haɗa gajerun finafinai, tunda Blackmagic Design suka saki Resolve 20, manhajarsu ta editin bidiyo, a 2025 nake ganin mutane suna ta rige-rigen saukewa kamar ana rabon kyauta. To a gaskiya kyautar ce, domin akwai wanda ba a biyan ko kwabo, sai kuma Studio mai dala 295 da ake biya sau ɗaya. Amma kafin ka taɓa komai tsaya ka ji.

Abu na farko, kar ka hau sabon bashan, wato sabon fitowar manhajar, alhali kana tsakiyar aikin wani. Ni na taɓa yin wannan gangancin, aikin kamu da dina na wata amarya, saura gyaran kala kawai, na ɗora sabo na buɗe, ya tambaye ni in yi Upgrade na danna ba tare da na karanta ba, washegari na kai wa abokin aikina fayil ɗin ya ƙarasa a kwamfutarsa mai tsohon bashan, ya ƙi buɗuwa ƙememe. Haka abin yake, da zarar ma'ajiyar ayyukanka ta koma sabo to ba ta komawa baya. Uwar amarya kuwa sai kira take, "yaro ina faifan namu?" ni kuma ina ta "Hajiya a yi haƙuri, gobe insha Allah".

Don haka ka fara da ajiya. Buɗe tsohon Resolve ɗinka, a Project Manager ka buɗe ɓangaren Project Libraries da ke hagu, ka zaɓi ma'ajiyarka ka danna Backup, ka kai fayil ɗin kan hard disk na waje, kar ka bar shi a cikin kwamfutar. Ayyukan da ka fi ji da su kuma ka danna musu maɓallin dama na maus ɗaya bayan ɗaya ka yi Export Project, zai ba ka ƙaramin fayil mai .drp a ƙarshe. Ka sani fa wannan fayil ɗin tsarin aikin ne kawai, bidiyoyin ba sa ciki, in kana so ya kwaso har da su sai ka zaɓi Export Project Archive, shi kam zai ci waje sosai. Sannan kar ka goge fayil ɗin instolin na tsohon bashan, wata rana zai yi maka rana.

Sai batun inji. A Windows suna neman RAM 16GB, in za ka shiga Fusion, ɓangaren haɗa ifet, 32GB, da katin girafik mai aƙalla 4GB, kuma ka sabunta direbansa kafin instolin, yawancin masu kukan "yana rufe kansa" nan matsalarsu take. Fayil ɗin gigabait ne da dama, ka sauke daga shafin kamfanin da daddare lokacin da netwok ya lafa, ka rabu da waɗancan na kirak, wato na sata, da ake turawa a Telegram, wanda yake kyauta me za ka yi da na sata?

Da ka buɗe, je Preferences, User, Project Save and Load, ka kunna Live Save da Project Backups. Mu da ake ɗauke mana wuta ba sallama ba sai an yi mana dogon bayani ba.

Yanzu ɓangaren kala, inda ni na fi daɗewa. Kar ka fara da LUT, wato shiryayyen tsarin kala da ake ɗora wa hoto. A nod na farko, wato akwatin gyaran kala na farko, ka gyara haske da farin hoto kana kallon Parade, ma'aunin da ke jera kalolin hoto, har ja da kore da shuɗi su daidaita a wajen farar shadda ko farin bango, domin fitilun zauren biki sukan mayar da komai ruwan ɗorawa. Danna Alt da S ka ƙara nod, nan za ka yi fata. Kunna Vectorscope, ma'aunin kala mai da'ira, da layin kalar fata da ke cikinsa, ka duba fuskar amarya ta kwanta kusa da layin, baƙar fata da fara duk wajen layin ɗaya suke taruwa, haske ne ya bambanta su, don haka kar ka ɗaga hasken har ka mayar da baƙar yarinya toka-toka wai kai ka haska ta. Sabon abin da ya burge ni shi ne Chroma Warp da ke cikin Color Warper, ka kama kala guda ka ja ta inda kake so, misali ankon ƙawaye ya fito ruwan goro alhali ja ne, ka ja layi ɗaya ya wadatar. ColorSlice kuma tun 19 yake nan, shi nake ƙara wa atamfa nauyin kala ba tare da ta yi ƙyalli ba.

Su Magic Mask da IntelliScript da sauran kayan AI ɗin da ake ta zuzutawa yawancinsu na Studio ne, a na kyauta wasu ma sai ka ga tambari ya fito a kan hoton, ka lura kafin ka tura wa mai aiki. In kuma bidiyon waya ne yake sarƙewa ko murya ta riga baki, ka fara wuce da shi ta HandBrake, manhajar sauya tsarin bidiyo, ka sa masa Constant Framerate, sannan a cikin Resolve ka danna masa dama ka yi Generate Proxy Media ya yi maka kwafi mara nauyi, laptop mai ƙaramin ƙarfi ma za ta ja.