Neman lasisin yawo da ƙaramar bindiga a Texas: yadda na bi, da inda ake tuntuɓe

Aikina gyaran firji da na'urar sanyaya ɗaki ne a Houston, kuma rabin kiran da nake samu da dare yake zuwa. Ɗakin sanyin wani kanti zai tsaya da ƙarfe ɗaya na dare, nama na neman lalacewa, dole in ɗauki kayan aiki in tafi. Sau da yawa ni kaɗai ne a bayan gini, cikin lungu mai ƙwan fitila ɗaya. Abin da ya sa na fara tunanin mallakar bindiga ke nan. Da na faɗa wa maiɗakina, sai ta ce: “Baban Hafsa, ai na ji an ce a jihar nan ba sai da lasisi ba, wahalar me za ka sha?”

Ta yi gaskiya, amma rabi. Tun ranar 1 ga Satumba 2021 doka ta ba wanda ya kai shekara 21, kuma ba shi da wani laifi da ya haramta masa riƙe makami, damar yawo da ƙaramar bindiga a Texas ba tare da lasisi ba. Duk da haka na nemi lasisin, kuma duk ɗan'uwan da ya tambaye ni ina ce masa ya nema. Dalilai na fili su ne: jihohi da yawa suna karɓar lasisin Texas, don haka idan ka tsallaka iyaka ba ka zama mai laifi nan take ba. Akwai kuma dokar tarayya ta 1990 da ta hana riƙe bindiga a cikin tazarar ƙafa 1,000 daga makaranta, amma ta ware wanda yake da lasisin jihar da makarantar take. A birni irin Houston, wane titi za ka bi ba ka gilma kusa da makaranta ba? Sai dai babban dalilina ba waɗannan ba ne. Ajin da ake tilasta maka shiga shi ne zai nuna maka inda ƙafarka ba za ta taka ba, kuma mu da muka zo daga waje, kuskuren da ɗan ƙasa zai biya tara a kansa ya wuce, mu yana iya cinye mana takardun zama.

Saboda haka kafin ka kashe ko dala ɗaya, duba takardunka. Dokar tarayya ta haramta wa wanda ba shi da izinin zama mallakar bindiga ko harsashi. Ta kuma haramta wa wanda ya shigo da bizar wucin gadi, irin ta ɗalibi ko ta ziyara, sai 'yan togaciya kaɗan, kamar mai riƙe da lasisin farauta. Idan kana cikin wannan rukuni kada ka bi hirar majalisa, ka ga lauya. Mai girin kad, wato katin izinin zama na dindindin a Amurka, da wanda ya zama ɗan ƙasa suna da damar nema. Amma mai girin kad ya riƙe wannan da kyau: idan kotu ta same ka da laifin da ya shafi bindiga, wannan kaɗai yana cikin dalilan da dokar shige da fice ta amince a kori mutum daga Amurka, ko da ya yi shekara ashirin a nan, ko da a nan aka haifi 'ya'yansa.

Bayan takardu sai tarihinka. Wanda aka taɓa ɗaurewa kan babban laifi ba ya samu. Wanda aka samu da matsakaicin laifi na mataki A ko B a cikin shekara biyar da suka wuce shi ma sai ya jira, kuma tuƙi cikin maye yana cikin wannan. Wanda kotu ta ba umarnin nisantar matarsa ko wani nasa ba ya samu, haka wanda aka taɓa samu da laifin duka a cikin iyali. Akwai biyu da mutane ba sa zato: bashin kuɗin ciyar da yara da ofishin babban lauyan jiha yake karɓa, da bashin harajin jiha. Idan an tabbatar kana da ɗaya daga ciki, fara biya tukuna. Wani tarkon kuma shi ne shari'ar da aka jingine hukuncinta, aka ce ka je ka kiyaye sharuɗɗa a rufe magana. Mutum yana ganin ai ba a same shi da laifi ba, alhali a wajen bayar da lasisin nan sau da yawa ana lissafa ta tamkar an same shi.

Hukumar da ke bayarwa ita ce DPS, wato sashen tsaron al'umma na jiha, su ne dai masu ba da lasisin tuƙi. Sunan lasisin a taƙaice LTC, wato lasisin yawo da bindiga. A shafinsu na intanet ake cike fom, kuɗin dala 40 ne, an rage shi daga 140 a 2017. Kafin ka zauna gaban kwamfuta ka tanadi lasisin tuƙinka, da jerin duk gidajen da ka zauna da wuraren da ka yi aiki a shekara biyar da suka shige. Ni gida uku na canza a wannan tsakanin, sai da na tono tsofaffin takardun haya kafin na haɗa watannin. Za a tambaye ka ko an taɓa kama ka, da batun jinyar tabin hankali ko shaye-shaye. Faɗi gaskiya ko da an kori ƙarar tun tuni, domin zanen yatsunka zai fito da ita. Kamun da aka yi maka ba lalle ya hana ka ba, ɓoyewar ce ke hanawa.

Ga wani abu da ya shafe mu musamman. Sunana na farko iri biyu aka rubuta shi: a lasisin tuƙi da harafi ɗaya, a girin kad da wani. Wannan ɗan bambancin ya jawo mini wasiƙar neman ƙarin bayani da jiran makonni. Duk mai suna Muhammad ko Abdullahi ya san yadda ake yi wa sunayenmu rubutu kala-kala. Ka jera takardunka a kan tebur ka duba harafi bayan harafi, wanda ya saɓa ka gyara shi kafin ka tura komai. Wanda aka haifa a wajen Amurka zai haɗa da kwafin shaidar zamansa, girin kad gaba da baya, ko takardar zama ɗan ƙasa.

Da ka gama biya za a ba ka lambar da za ka nemi ranar ɗaukar zanen yatsu a cibiyar IdentoGO. Kuɗin kusan dala goma ne, aikin bai kai minti goma sha biyar ba. Masu aikin hannu irina, a shafa mai a yatsu kwana biyu kafin ranar, don fata mai kaushi ba ta fitowa sosai a na'ura.

Sai aji. Doka ta ce awa huɗu zuwa shida, a hannun malamin da DPS ta amince da shi. Ana iya yin ɓangaren karatun ta intanet sannan a je filin harbi daga baya, amma ni na fi son a zauna a ajin, saboda tambayoyin da wasu ke yi sun fi abin da ke kan allo amfani. Abu huɗu ake koyarwa: dokokin makami da na amfani da ƙarfin da zai iya kisa, sarrafa bindiga cikin aminci, sasanta rigima ba tare da tashin hankali ba, da ajiye bindiga inda yara ba za su kai ba. A ƙarshe akwai jarabawar zaɓi ɗaya daga amsoshi, ana buƙatar kashi 70 cikin 100. Duk wanda bai yi barci a ajin ba zai ci.

Malaminmu dattijo ne, tsohon ɗan sanda, mai magana a hankali. Wani matashi ya tambaye shi: idan wani ya tare ni a titi yana zagina yana dukan gilashin motata fa? Dattijon ya ce: motarka tana da giyar baya? Aka yi dariya, shi bai yi ba. Ya ce daga ranar da ka ɗaura bindiga a ƙugu, kai ne za ka riƙa ba da haƙuri a kowace gardama, ko kai ke da gaskiya, domin duk rigimar da ka shiga akwai bindiga a cikinta, kuma kai ka kawo ta. Na ga mutum biyu sun sunkuyar da kai.

Gwajin harbin harsashi 50 ne a kan allo mai siffar mutum: 20 daga tazarar yadi 3, 20 daga yadi 7, 10 daga yadi 15, kowane zagaye da ƙayyadadden lokaci. Cikakken maki 250 ne, ana cin gwajin da 175. Harbin da ya sauka a tsakiya maki biyar ne, ke nan idan ka natsu a yadi 3 da yadi 7 kana iya haɗa 200 tun kafin a ja allon nesa. Abin da ke kayar da mutane ba saiti ba ne, rashin sabo ne. Ajin nan ba wurin koyon harbi daga tushe ba ne, ana sa ran ka iya loda bindigarka ka kuma sauke ta da kanka. Wanda ke gefena ya juyo zai yi tambaya da bindiga a hannu, bakinta ya share mu duka, nan take aka fitar da shi daga layi. Ka je filin harbi sau uku ko huɗu kafin ranar, tare da mai koyarwa. Ka saba da abu biyu har su zama jiki: yatsa ba ya taɓa kunama sai ka yi niyyar harbi, bakin bindiga kuma ba ya kallon abin da ba ka shirya lalatawa ba. Ka zo da abin toshe kunne da tabarau, da riga mai rufaffen wuya, domin kwanson harsashi mai zafi idan ya faɗa cikin riga rawa yake sa mutum.

Malamin zai ba ka takardar shaidar horo, ka ɗauki hotonta ka ɗora a shafin DPS. Daga ranar da takardunka suka cika, doka ta ba su kwana 60, kuma lokacin yana ƙaruwa idan sun nemi ƙarin bayani. Katin ta gidan waya yake zuwa.

Yanzu ga inda na fi so ka buɗe ido, wato alamomin bakin ƙofa. Saboda aikina ina shiga gini biyar ko shida a rana, kuma na koyi karanta ƙofa kafin in kama mariƙinta. Alama mai lamba 30.06 tana hana mai lasisi shiga da bindiga a ɓoye. Mai 30.07 tana hana shiga da ita a bayyane. Mai 30.05 kuma da marasa lasisi take. Ta 30.06 dogon rubutu ce da Turanci da Sifaniyanci, haruffa aƙalla inci ɗaya, amma na sha ganin ta a ƙasan gilashi, bayan tukunyar fulawa. Idan ka shige ba ka lura ba, ƙaramin laifi ne mai tarar da ba ta wuce dala 200 ba. Idan mai wurin ya ce ka fita ka tsaya musu, laifin ya haura zuwa mataki A, mai ɗaurin da zai iya kai shekara ɗaya. Akwai kuma jar alama mai 51%, wadda ake liƙawa a wurin da yawancin cinikinsa na giyar da ake sha a nan take ne. Ni ba na sha, amma firjinsu yana lalacewa kamar na kowa. Shiga irin wannan wuri da bindiga babban laifi ne, daidai da shiga makaranta, kotu, rumfar zaɓe ko bayan shingen binciken filin jirgi. Gidan waya da sauran gine-ginen gwamnatin tarayya su ma lasisin jiha ba ya aiki a cikinsu. Don haka na ɗaure ɗan akwatin ƙarfe mai makulli a ƙarƙashin kujerar mota, a cikinsa bindigar take zama duk lokacin da ƙofa ta ce a'a.

Masallaci da coci, tun 2019, hukuncinsu ɗaya da sauran wurare masu zaman kansu: shugabannin wurin ne ke da ta cewa. Ka tambayi kwamitin masallacinku. Ka kuma yi tunanin alwala da sujada, domin riga tana ɗagewa. Kube mai kyau, mai tauri, wanda ya rufe kunama ruf, da bel mai ƙarfi, sun fi tsadar bindigar muhimmanci. Masu tuƙin Uber da Lyft kuma su sani kamfanonin biyu sun hana direbobinsu ɗaukar bindiga a bakin aiki, da lasisi ko babu.

Kafin tafiya wata jiha ka duba ko tana karɓar lasisin Texas, domin jerin yana canzawa. New York, New Jersey, California da Illinois ba sa karɓa. Hukuncin da kotun ƙolin Amurka ta yanke a 2022 ya hana New York tambayar mutum dalili na musamman kafin ta ba shi lasisi, amma bai ce ta karɓi na wata jiha ba.

Idan ɗan sanda ya tsayar da kai ya nemi katin shaida alhali kana ɗauke da bindiga, dokar Texas ta ce ka miƙa masa lasisin tuƙi da LTC tare. An tsayar da ni sau ɗaya saboda fitilar baya ta mutu. Na kashe mota, na kunna fitilar ciki, na ɗora hannu biyu a kan sitiyari. Da ya iso na ce masa ina da lasisi, bindigar tana ƙuguna ta dama, walat ɗina kuma yana aljihun baya, yaya yake so in yi. Ya ce in ciro walat ɗin a hankali. Ya duba, ya ce in gyara fitila.

A gida kuma, barin bindiga mai harsashi inda yaron da bai kai shekara 17 ba zai iya ɗauka laifi ne a Texas idan har yaron ya kai gare ta. Hafsa shekararta shida, kuma babu durowar da ba ta buɗewa, don haka akwatin ajiya mai lambobi ya riga bindigar shigowa gidan. Wannan shi ne sharaɗin da mahaifiyarta ta kafa.

Lasisin farko yana aiki shekara huɗu da 'yan kai, yana ƙarewa ne a ranar haihuwarka, sabuntawa kuma shekara biyar-biyar ce ta intanet, ba sai ka koma aji ba. Idan ka tashi daga gida kana da kwana 30 ka sanar da DPS sabon adireshi, kuma canza shi a lasisin tuƙi kaɗai bai wadatar ba, na LTC daban ake yi.