Yadda zaka yi zaɓen gwamna da ɗan majalisar jiha a Kaduna, da kuma inda antoni janar ya shigo ciki

Jama'a ranar zaɓen gwamna takarda biyu ake miƙo maka ba ɗaya ba, kuma abinda ke damuna shine mafi yawanmu ta gwamna kawai muka sani, ta biyun wacce ta ɗan majalisar jiha ce sai dai mutum ya dangwala inda ya dangwala a ta farko yace sak, ya fito, in ka tare shi a bakin rumfa kace wa ka zaɓa ya wakilce ka a Lugard Hall, wato zauren majalisar jiha, wallahi da yawa ko sunan ba zasu iya faɗa maka ba. Toh wannan bayanin saboda haka na rubuta shi, daga shirin kati har zuwa bayan an rantsar da su.

Fara da katinka tun da sauran lokaci. Ka ɗauko shi ka duba bayanan da ke jiki, akwai jiha, ƙaramar hukuma, mazaɓa da lambar rumfarka, kuma a wannan rumfar kaɗai zaka iya zaɓe. In kayi rajista a Tudun Wada ka tashi ka koma Rigasa ko Millennium City ko Sabon Tasha, ranar zaɓe 'yan sanda sukan hana zirga-zirgar ababen hawa, babu keke babu acaɓa, kaga sai dai ka taka ko ka kwana a tsohuwar unguwa. Maganin wannan shine ka nemi INEC ta maido maka da rajistarka kusa da gida lokacin da aka buɗe rajista, ana yi a ofishinsu na ƙaramar hukuma kuma ana iya fara cikewa ta intanet. Wanda katinsa ya ɓata ko ya lalace shima a lokacin ake gyarawa. Dan Allah kar a jira sai an kusa rufewa, kowa ya san irin cinkoson da ake yi a satin ƙarshe. Kuma a bambance, INEC ce ke zaɓen gwamna da 'yan majalisa, shi na ciyaman da kansila hukumar zaɓe ta jiha ce ke yinsa, ranarsu daban.

Sai ka san mazaɓarka ta majalisar jiha. Kaduna ƙananan hukumomi 23 gare ta amma kujerun majalisa 34 ne, ma'ana wasu ƙananan hukumomin sun fi kujera ɗaya. Kaduna ta Arewa akwai Kawo akwai Doka/Gabasawa, Kaduna ta Kudu akwai Tudun Wada, Unguwar Sanusi da Makera, Zariya akwai Birni da Kewaye, Sabon Gari akwai Sabon Gari da Basawa, Birnin Gwari akwai Magajin Gari da Kakangi. Mutumin Rigasa kuma duk da kullum a cikin gari yake wuni ƙuri'arsa ta Igabi ce. Fostar da ka gani a kan hanyar Kasuwar Barci ba lallai ta ɗan takarar mazaɓarka bace, ka tambaya ka tabbatar, don a takardar zaɓe babu sunan mutum babu hotonsa, tambarin jam'iyya kawai zaka gani, dole tun daga gida ka san wane tambari ne na wanda kake so.

Yanzu me yasa nake ta nanata maganar majalisa? Ku tambayi dattawan da suka ga jamhuriya ta biyu. A 1979 talakawa suka zaɓi Alhaji Balarabe Musa na PRP gwamnan tsohuwar jihar Kaduna, lokacin Katsina na ciki, amma rinjayen majalisa yana hannun NPN. Ya miƙa sunayen kwamishinoni aka ƙi amincewa, ya sake miƙawa aka sake ƙi, haka yayi mulki ba kwamishinoni har watan Yunin 1981 suka tsige shi, shine gwamna na farko da aka tsige a Najeriya, mataimakinsa Abba Musa Rimi ya hau. A garin nan aka yi wannan. Kuma ɗaya gefen shima haɗari ne, majalisar da duk 'yan amshin shata ne gwamna ya aiko da kasafin kuɗi yau gobe an sa hannu, ya aiko da buƙatar ciyo bashi ba wanda zai tashi yace da me za'a biya. Su ke amincewa da kasafi, su ke yin dokokin haraji da na filaye da na kasuwanni, su ke tantance kwamishinoni, su ke da ikon kiran kowane jami'i ya zo yayi bayanin kuɗi, har gyaran tsarin mulkin ƙasa baya tabbata sai majalisun jihohi 24 cikin 36 sun yarda. Ni a ganina ƙuri'ar ɗan majalisa ita ce wadda ya kamata mutum ya fi yi wa tunani, don shi ne zaka iya samunsa a masallaci ko coci ko wurin ɗaurin aure ka tare shi da magana, gwamna kuwa kafin ka kai gare shi a gidan Sir Kashim sai ka wuce ƙofa nawa.

Toh yaya zaka auna ɗan takara? In yana kan kujera yana neman komawa, abu ne mai sauƙi, tambaye shi wane ƙuduri ya kawo a shekara huɗu, wane kwamiti yake, yana da ofishi a mazaɓa da ake buɗewa ko kuwa sai lokacin kamfen ake share shi. Rabon buhun shinkafa da azumi alheri ne amma ba shine aikin da aka tura shi ba. In sabo ne, duba sana'arsa da yadda yake mu'amala da mutane kafin siyasa, bashi, amana, rigimar fili, mutanen unguwarsa sun sani. Matasa kuma ku sani tun 2018 aka rage shekarun takarar majalisar jiha zuwa 25, na gwamna yana nan a 35.

Sai maganar antoni janar, wanda shine kwamishinan shari'a. A Amurka jihohi 43 cikin 50 jama'a ne ke zaɓensa da ƙuri'a kamar yadda suke zaɓen gwamna, har zaka ga gwamna jam'iyyarsa daban antoni janar tasa daban. Mu a nan ba haka bane, ba zaka ga takardarsa a rumfa ba, gwamna ne ke ɗauko shi majalisa ta amince, sharaɗin tsarin mulki shine ya zama lauya na aƙalla shekara 10. Amma fa ikonsa ba ƙarami bane, sashe na 211 ya bashi damar shigar da ƙarar laifi, ya karɓe ƙarar da wani ya shigar, ko ya janye ta gaba ɗaya kafin a yanke hukunci. Ka tsaya ka yi tunanin wannan a jiha irin tamu da ta sha rikice-rikice da garkuwa da mutane, wanda aka kama za'a gurfanar da shi ko za'a sake shi a ɓoye, da yawa daga teburin nan ake yankewa. Kuma 'yan uwanmu da ke zaune a gidan yari wata da watanni ba a fara shari'arsu ba, sau da yawa shawarar lauyoyin ma'aikatar shari'a ake jira. Kaga kenan takardun nan biyu da ke hannunka su ne hanyarka ta zaɓen antoni janar, ɗaya ta mai naɗawa ɗaya ta masu tantancewa. Don haka in an buɗe layin waya a rediyo ɗan takarar gwamna na ciki, a daina tsayawa a kan titi da taki kawai, a tambaye shi wane irin mutum zai ba ma'aikatar shari'a, lauyan da ya san aiki ko lauyan da ya tsaya masa a kotun zaɓe.

Ranar zaɓe ka karya da wuri ka fita, ka riƙe ruwa. A ƙa'idar da INEC ta bi a 2023 ana buɗewa takwas da rabi na safe a rufe layi biyu da rabi na rana, kuma duk wanda ke kan layi kafin lokacin sai yayi zaɓe ko da dare zai kai. Tsofaffi, masu juna biyu, masu goyo da masu buƙata ta musamman ana basu gaba, ku barsu su wuce. Malamin zaɓe zai karɓi katinka ya duba shi da na'urar tantancewa ta BVAS, ta duba yatsanka, in yatsa ya ƙi ta duba fuskarka, sannan a nemo sunanka a rajista a shafa maka tawada a farce. Da an miƙo maka takardun juya bayansu ka gani akwai hatimi da sa hannu da kwanan wata, in babu ka maida a sa. Waya bata shiga wurin dangwale, kuma duk mai ce maka ɗauko hoto ka zo ka karɓi kuɗi ko taliya ko atamfa, laifi ne a doka a kan mai saye da mai sayarwa. Tawada kaɗan ta isa, ka dangwala a cikin akwatin tambari ɗaya tak kar ya haura layi, ka ɗan jira ta sha iska, sannan ka naɗe takardar a tsaye yadda tawadar ba zata shafi wani tambarin ba. Wannan ƙaramin abu ne amma shi ke lalata ƙuri'u da yawa, musamman na iyayenmu mata da tsofaffi, ku koya musu a gida tun daren jajibere da farar takarda da shuɗin wanki. Kowace takarda da akwatinta, a karanta rubutun jiki kafin a jefa.

Kar wani yace maka ƙuri'a ɗaya me zata yi. A zaɓen 18 ga Maris 2023 INEC ta bayyana Uba Sani na APC da ƙuri'a 730,002, Isa Ashiru na PDP 719,196, tazarar bata kai dubu goma sha ɗaya ba a jiha mai mazaɓun kansila 255, raba ka gani, mutum arba'in da ɗoriya ne a kowace mazaɓa. Sannan gwamna ba yawan ƙuri'a kaɗai yake buƙata ba, sai ya samu aƙalla kashi ɗaya cikin huɗu a kashi biyu cikin uku na ƙananan hukumomi, shi yasa ba wanda zai ci Kaduna da shiyya ɗaya, dole mutumin Zariya ya nemi Kafanchan, na Kachia ya nemi Giwa.

Bayan ka jefa kana da damar tsayawa nesa kaɗan cikin natsuwa a ƙirga a gabanka, abinda 'yan siyasa ke cewa a kasa a tsare a raka. Za'a zazzage akwati, a ware lalatattu, a ƙirga da ƙarfi, a cike takardar sakamako EC8A, wakilan jam'iyyu su sa hannu a basu kwafi, a ɗauki hotonta da BVAS don turawa shafin IReV da INEC ke saka sakamako a intanet, a kuma manna sakamakon a bango. Nan ne wayarka ke da amfani, ɗauki hoton na bangon. Ka lura da lamba biyu, adadin waɗanda na'ura ta tantance da adadin ƙuri'un da aka jefa, in na biyu ya fi na farko an yi aringizo kuma soke rumfar ake yi. Shi yasa yaran da ke tada hargitsi ko fasa akwati suna ganin taimakon ubangidansu suke, ƙuri'ar unguwarsu suke ƙonawa, kuma irin haka ke jawo a ce zaɓe bai kammala ba a sake dawo da mu layi. Iyaye a ja wa yara kunne tun kafin ranar. Kuma dan Allah kar a riƙa tura sakamakon da ba'a tabbatar ba a WhatsApp da Facebook, mun ga abinda ya biyo bayan zaɓen 2011 a jihar nan, rayuka nawa aka rasa.

Wanda bai yarda da sakamako ba kotu ce hanyarsa, kwana 21 gare shi ya shigar da ƙara, kotun zaɓe kuma kwana 180 ta yanke. Shari'ar gwamna tana kaiwa har Kotun Ƙoli, kamar yadda ta 2023 ta kai aka tabbatar da Uba Sani a Janairun 2024, ta ɗan majalisar jiha kuwa a Kotun Ɗaukaka Ƙara take tsayawa.

Da an rantsar da su ka nemi lambar ofishin ɗan majalisarka ka ajiye. Lokacin da gwamna ya aika sunayen kwamishinoni ka bibiyi wanda aka ware wa shari'a, in kuna da ƙorafi a kansa ku rubuta wa majalisa ta hannun wakilinku kafin ranar tantancewa, ƙungiyar unguwa ko ta 'yan kasuwa ta fi mutum ɗaya nauyi a irin wannan. Haka in an sanar da zaman jin ra'ayin jama'a kan kasafin kuɗi, ku tura wanda ya iya magana da takarda a hannu. In kuma wakilin naku ya ɓace ɓat akwai kiranye a sashe na 110, sai fiye da rabin masu rajista a mazaɓar sun sa hannu, INEC ta tantance sa hannun, sannan a yi ƙuri'ar raba gardama cikin kwana 90. Aiki ne mai wuya sosai don tara rabin masu rajista ba wasa bane, saboda haka in zaku fara ku fara da rajistar rumfa-rumfa, kowace rumfa a samu mutum biyu masu amana da zasu bi gida-gida.