Yadda Za Ka Karanta Littattafan Eric Foner Kan Bauta da ’Yancin Bayi a Amurka

Eric Foner, wanda aka haifa a birnin Niyok a 1943, ya shafe shekaru masu yawa yana koyar da tarihi a Jami’ar Columbia, kuma littattafansa suna cikin waɗanda aka fi dogara da su wajen sanin yadda bauta ta rushe a Amurka da abin da ya biyo bayan rushewarta. Mai karatu yakan rasa ta inda zai kama su, sai ya ɗauko mafi girmansu da shahara, wato Reconstruction, wanda aka buga a 1988 kuma ya haura shafi 600, ya yi ta fama da sunayen jam’iyyu da gwamnoni har ya ajiye shi kafin ya kai rabi. Hanyar da ta fi sauƙi ita ce ka bi littattafan bisa zamanin da kowanne yake magana a kai, ka manta da shekarar da aka buga su, kana riƙe da tambaya ɗaya tun daga farko har ƙarshe: idan mutum ya ce ’yanci, me yake nufi, kuma wa ya sa a ciki, wa ya bari a waje?

Kafin ka buɗe ko ɗaya, ka samu takarda guda ka rubuta ’yan shekaru da alƙaluma waɗanda za ka riƙa komawa gare su. A 1619 aka sauke ’yan Afirka ashirin da wani abu a gaɓar Birjiniya. Daga cikin mutane kimanin miliyan 12 da rabi da aka loda a jiragen fataucin bayi zuwa ƙetaren tekun Atlantika, waɗanda aka kai kai tsaye yankin da ya zama Amurka ba su kai 400,000 ba, domin mafi yawansu Birazil da tsibiran Karebiyan aka kai su. An haramta shigo da bayi daga waje a 1808, amma duk da haka ƙidayar 1860 ta nuna bayi kusan miliyan 4 a ƙasar. Wannan tazara tana gaya maka cewa bautar Amurka ta yaɗu ne ta hanyar haihuwa da cinikin cikin gida, inda aka kwashi kimanin mutum miliyan ɗaya daga tsoffin jihohi irin su Birjiniya zuwa gandayen auduga na kudu maso yamma, bayan injin gurzar auduga na 1793 ya mai da noman abin riba. Ka ƙara 1861 zuwa 1865, shekarun yaƙin basasa tsakanin gwamnatin Tarayya ta jihohin Arewa da jihohin Kudu masu bauta da suka ɓalle, da 1877, shekarar da aka saba ɗauka a matsayin ƙarshen zamanin sake gina Kudu bayan yaƙin, wanda ake kira Reconstruction.

Akwai gyara ɗaya da ya kamata ka yi wa tsarin karatunka tun da wuri. Foner masanin siyasa da tunani da doka ne, kuma ƙarfinsa yana wajen bayyana yadda bauta ta mutu, ba yadda bawa ya rayu a cikin gandu ba. Saboda haka ka fara da muryar wanda ya ɗanɗana abin, kuma mafi sauƙin samu shi ne ɗan gajeren tarihin rayuwar da Frederick Douglass ya rubuta da hannunsa a 1845, wanda za ka iya gamawa cikin kwana biyu. Idan kana son ganin yadda bauta ta sauya kama daga ƙarni zuwa ƙarni da kuma daga yanki zuwa yanki, Many Thousands Gone na Ira Berlin, na 1998, ya cike wannan gurbi.

Daga nan sai ka shiga littafin Foner mai suna Gateway to Freedom na 2015, wanda a ganina shi ne ƙofar da ta fi dacewa, domin labarin mutane ne masu suna da fuska. Littafin yana magana kan hanyoyin sirri da bayi suke bi su tsere zuwa Arewa da Kanada, musamman ta birnin Niyok. Ƙashin bayansa wani littafin rubutun hannu ne na ɗan jarida Sydney Howard Gay, wanda a 1855 da 1856 ya riƙa rubuta bayanin masu gudun da suka biyo ta ofishinsa, fiye da mutum 200: sunan mutum, sunan ubangidansa, dalilin gudunsa, hanyar da ya bi, har da kuɗin da aka kashe masa na jirgi. Lokacin da kake karanta wannan sashe, ka lura da yawan waɗanda suka gudu saboda sun ji za a sayar da su ko a raba su da iyalinsu, ka kuma lura cewa mafi yawan aikin karɓar baƙi da ɓoye su baƙaƙen fata ’yantattu ne suka yi shi, irin su David Ruggles, wanda ya sauki Douglass kansa a 1838. A nan ne kuma za ka fahimci dokar kamo bayi masu gudu ta 1850, wadda ta hana wanda aka kama ya ba da shaida a kan kansa, ta kuma tanadi dala 10 ga jami’in da ya miƙa shi ga mai da’awa, dala 5 kacal idan ya sake shi.

Littafi na biyu shi ne Free Soil, Free Labor, Free Men na 1970, wanda asalinsa kundin digirin Foner na uku ne a ƙarƙashin Richard Hofstadter. Ya fi sauran bushewa, kuma ba laifi ba ne ka karanta babi uku ko huɗu ka wuce. Abin da kake nema a cikinsa guda ne: jam’iyyar Rifablikan, wadda aka kafa a 1854, ta ƙi yaɗuwar bauta zuwa sababbin yankunan yamma, amma da yawa daga cikin magoya bayanta ba ƙaunar bawa ce ta motsa su ba, tsoron gogayya da aikin da ba a biya ne. Wanda bai riƙe wannan ba zai sha mamaki marar dalili idan ya ga yadda Arewa ta juya wa baƙaƙen fata baya daga bisani.

The Fiery Trial na 2010, wanda ya ci lambar yabo ta Pulitzer, shi ne ya fi bukatar natsuwa. Ba tarihin rayuwar Abraham Linkon, shugaban Amurka a lokacin yaƙin basasa, ba ne gaba ɗaya, bin diddigin ra’ayinsa ne kan bauta da yadda ra’ayin ya yi ta sauyawa. Dabarar karanta shi ita ce ka raba shafin takardarka gida biyu, a gefe ɗaya ka rubuta abin da Linkon ya faɗa ko ya sa wa hannu tare da kwanan wata, a ɗaya gefen ka rubuta abin da bayi da sojoji da majalisa suka riga suka yi kafin ranar. Za ka ga a watan Mayu na 1861 bayi uku sun tsallaka zuwa sansanin sojan Tarayya na Fort Monroe a Birjiniya, Janar Benjamin Butler ya ƙi mayar da su bisa hujjar cewa kayan yaƙin abokan gaba ne, kuma cikin ’yan makonni ɗaruruwa suka biyo sahunsu. Za ka ga a watan Afrilu na 1862 an ’yanta bayin birnin Washinton, aka biya iyayengijinsu diyyar da ta kai dala 300 a kan kowane mutum, su kuwa bayin ba a biya su ladan aikinsu ba. Za ka ga a watan Agusta na wannan shekara Linkon yana roƙon wakilan baƙaƙen fata a fadarsa su amince su yi ƙaura daga ƙasar, sannan ranar 1 ga Janairun 1863 ya sa hannu a kan shelar ’yantarwa. Ka karanta shelar da kanka, ba ta da tsawo. Ba ta shafi jihohi huɗu masu bauta da suka tsaya cikin Tarayya ba, wato Delaware da Maryland da Kentucky da Missouri, amma ta buɗe wa baƙaƙen fata ƙofar shiga soja, kuma kimanin 180,000 suka shiga kafin yaƙin ya ƙare. Idan ka jera gefen biyu haka, tsohuwar gardamar ko Linkon ne ya ’yanta bayi ko su suka ’yanta kansu za ta warware maka da kanta, don za ka ga kowane gefe yana tura ɗayan.

Sai yanzu lokacin babban littafin, wato Reconstruction, ya yi. Idan lokacinka kaɗan ne, akwai taƙaitaccensa da Foner ya fitar a 1990, mai shafi wajen 300, sai dai an cire masa bayanan ƙasan shafi, waɗanda su ne rabin amfanin aikin. Ko wanne ka ɗauka, kada ka tsallake gabatarwa, domin a nan ne yake bayyana da wa yake jayayya. A farkon ƙarni na 20 almajiran William Dunning, shi ma malamin Columbia, sun koyar cewa ba wa tsoffin bayi ƙuri’a kuskure ne da ya jefa Kudu cikin ɓarna, kuma wannan ra’ayi ya mamaye littattafan makaranta shekaru da yawa, ya zama hujjar wariyar launin fata. W. E. B. Du Bois, masani baƙar fata, ya ƙalubalance shi a 1935, masana jami’a suka yi biris da shi, sai bayan gwagwarmayar neman ’yancin ɗan ƙasa ta shekarun 1960 aka dawo kan maganarsa. Foner a kan wannan turba yake, kuma sanin haka zai sa ka gane dalilin da ya sa yake nanata wasu abubuwa.

Wurin da ya kamata ka tsaya ka daɗe shi ne batun ƙasar noma. Ranar 12 ga Janairun 1865, a birnin Savannah na jihar Jojiya, Janar William Sherman da sakataren yaƙi Edwin Stanton suka zauna da shugabannin cocin baƙaƙen fata su ashirin. Kakakinsu, Garrison Frazier, dattijo mai shekara 67 wanda ya fanshi kansa da matarsa da dala 1,000, ya ce musu abin da mutanensa suke bukata shi ne gona da za su noma da hannunsu su ci guminsu. Bayan kwana huɗu Sherman ya ba da umurnin a yanka wa iyalai filaye har eka 40 a gaɓar Karolaina ta Kudu da Jojiya da Fulorida. Kafin shekarar ta fita, shugaba Andrew Johnson, wanda ya gaji Linkon bayan an harbe shi a watan Afrilu, ya sa aka mayar da mafi yawan filayen ga tsoffin masu su. Daga wannan ne noman raba amfani da ƙangin bashi suka samo tushe, kuma duk abin da za ka karanta a gaba, na baƙaƙen fata goma sha shida da suka shiga majalisar tarayya ko na kisan gillar da aka yi wa baƙaƙen fata a garin Colfax a 1873, ka auna shi da wannan rashin gona.

Ka saba wa kanka da bin bayanin ƙasan shafi aƙalla sau ɗaya a kowane babi. Idan Foner ya ce wani tsohon bawa ya faɗi kaza, ka duba daga ina maganar ta fito: wasiƙa ce da aka rubuta a lokacin, ko rahoton jami’in Hukumar ’Yantattun Bayi da aka kafa a 1865, ko shaidar da aka bayar gaban kwamitin majalisa kan ta’asar ƙungiyar fararen fata masu kai wa baƙaƙe hari ta Ku Klux Klan, ko kuwa hirarrakin da gwamnati ta sa aka yi da tsoffin bayi fiye da 2,300 tsakanin 1936 da 1938? Waɗannan na ƙarshe suna da daraja ƙwarai, amma masu ba da labarin yara ne lokacin bauta, sun tsufa cikin talauci, kuma galibin masu tambayarsu fararen fata ne a zamanin wariya, don haka shirun da suka yi a wasu wurare shi ma abin karantawa ne.

Ka rufe da The Second Founding na 2019, gajere ne, kuma yana magana kan gyare-gyare uku da aka yi wa kundin tsarin mulki: na 13 a 1865 wanda ya soke bauta, na 14 a 1868 wanda ya mai da wanda aka haifa a ƙasar ɗan ƙasa tare da daidaito a gaban doka, da na 15 a 1870 wanda ya hana a tauye wa mutum ƙuri’a saboda launinsa. Ka ajiye matanin gyare-gyaren a gefenka, ka ja layi a ƙarƙashin togaciyar da ke cikin na 13, wadda ta halatta aikin tilas idan hukunci ne a kan laifi, domin ta wannan kafa jihohin Kudu suka riƙa ba da hayar fursunoni ga masu gandaye da ma’adinai. Sannan ka bi shari’o’in Kotun Ƙoli da littafin ya jero ɗaya bayan ɗaya, daga na 1873 da 1876 da 1883 har zuwa shari’ar Plessy ta 1896 wadda ta halatta raba farare da baƙaƙe a jiragen ƙasa, kana rubuta a gaban kowacce wane gyara ta rage wa ƙarfi da kuma hujjar da alƙalan suka kafa.